Ƙwaƙwalwa da Ƙofar Mai Burodi

In kana neman mutumin da bai taɓa yin kuskure ba tun da uwarsa ta haife shi, kada ka wahalar da ƙafarka. Tambayi inda mai fentin nan da ake ce wa Ƙwaƙwalwa yake shan shayi, kafin ka zauna shi da kansa zai gaya maka. Sunan ma da bakinsa ya saye shi, don ba ya rufe zance bai ƙwanƙwasa gefen kansa da yatsa ba, yana cewa, "Nan ne ofis. Duk kuskuren duniya a nan ake sa masa hannu. Ni kuwa nawa ofishin ba ya barci."

Wai wani shiri ya taɓa ji a rediyo a kan yadda tunanin mutum yake yaudarar mai shi. Rabin shirin ya ji batir ya mutu, amma rabin nan ya ishe shi ya gallabi unguwa. In mace ta manta tukunya a wuta, yana da bayani. In direba ya wuce kwanar gidansu, yana da bayani. Ranar da ya shafa wa bencin shagon yayan matarsa fenti ya tafi bai gaya wa kowa ba, masu ciniki suka zauna suka tashi da shuɗin zane a bayan riguna, nan ma yana da bayani: laifin masu zaman ne, da ba su shawarci idonsu ba kafin su ajiye ƙugu.

Tun daga ranar Yaya ya rantse ko kejin kaji ba zai sake ba shi ya shafa ba. To ga shi yanzu Yaya yana gina jerin shaguna a bakin titi, aikin fentin da zai riƙe gida har ya yi saura, ga Ƙwaƙwalwa zaune ba aiki, buroshinsa ya bushe ya zama kamar tsintsiya. Matarsa ce ta yi ta safa da marwa zuwa wurin yayanta, ta roƙa, ta yi kuka, har da cewa in ya sake ɓata wani abu ita za ta ɗauki kunyar. Da ƙyar Yaya ya sauko. Ya ce a gwada shi da falon gidansa tukuna. In ya yi kyau, shagunan nasa ne. In bai yi ba, kada wanda ya sake kawo masa sunansa.

Ranar aikin, matar ta miƙa masa ɗan makullin da Yaya ya aiko, yana tsaye yana gyara hula a madubi.

"Baban yara, ka saurare ni don Allah. Yaya fa ya bar hawa na tsakiya, ya koma na sama. Kada ka..."

"Na ji, na ji. Kin san abin da ke sa mutane kuskure? Rashin sauraro. Kunne yana nan, mai kunnen ya tafi kasuwa."

"To me na ce?"

"Kin ce in kula. Ni za a ce wa in kula? Ki fara tunanin inda za ki sa sabbin kujeru, shagunan nan sun zama nawa."

Ya ɗauki bokitan koren fentin da Yaya ya saya, ya saɓa tsani, ya fita yana fito.

Benen da Yaya yake haya irin wanda mai shi ya sayi ƙofofinsa a rana ɗaya ne, duk kala ɗaya, duk tsayi ɗaya. Shekara da shekaru Ƙwaƙwalwa yana zuwa gaisuwa hawa na tsakiya, ƙofar da ke kusa da matakala. Yau ma yana hawa yana lissafin yadda zai tsaya gaban shagunan yana nuna wa leburori aiki da baki, ƙafafunsa kuwa da ba su halarci zancen safe ba suka kai shi inda suka saba, suka tsaya. Gidan kuwa yanzu na wani mai burodi ne, ƙaton mutum da yake kwana gaban tanda, da safe ya dawo ya toshe kunne da auduga, ya kunna fanka, ya kwanta kamar an jefar da buhu.

Ɗan makulli ya shiga, ya ƙi juyawa. Da wani ne, da sai ya ja baya ya dubi ƙofar. Ƙwaƙwalwa ƙofar ya harara.

"Tsatsa," in ji shi. "Yaya da kuɗinsa, ɗan mai ya gagare shi."

Ya ɗiga mai, ya murɗa. Ya ƙara mai, ya ƙara murɗawa. Ya sa ƙusa a ramin kan makullin don ya samu ƙarfi, ya danna da hannu biyu. Ƙas! Rabi a hannunsa, rabi a cikin ƙofa.

Baba mai gadi, da ya biyo sawun ɗigon fenti tun daga ƙasa, ya iso yana haki.

"Kai, wa ya aiko ka?"

"Mai gidan da kansa, Baba. Fenti yake so, ga makullinsa nan ya ba ni, ruɓaɓɓe."

Baba ya yi tunanin mai burodi ne ya sa a yi masa fenti, ya ce a ransa masu kuɗi da abin mamaki suke. "To ka buga masa mana."

"Ya fita. Riƙe min nan, cire ta za mu yi gaba ɗaya, in na gama in mayar. Aikin minti kaɗan ne."

Ƙarafan da ke riƙe da ƙofar sun ƙi sukudireba, sai ya sa guduma. Guduma ta yi aiki fiye da yadda aka sa ta, ƙofa ta fito da rabin katakon jikin bango, ta kwanta a kan Baba mai gadi, hularsa ta gangara matakala.

Ƙarar ce ta fito da mai kitson da ke maƙwabtaka, da matsefi a hannu, bayanta wata mata da rabin kai a kitse rabi a tsefe.

"Innalillahi! Baba, ɓarayi ne da rana tsaka?"

"Wane irin ɓarayi?" in ji Ƙwaƙwalwa. "Ba ki gane ni ba? Mijin ƙanwar mai gidan nan. Sau nawa muna gaisawa a nan?"

"Na gane ka sarai. Ai surukin naka ya bar gidan nan, ya koma sama. Nan mai burodi ne."

Ƙwaƙwalwa ya yi murmushin tausayi, ya ajiye guduma, ya ƙwanƙwasa gefen kansa.

"Baiwar Allah, bari in tambaye ki. Wace kalar riga kika sa shekaranjiya?"

"Me ya kawo zancen riga?"

"Amsa dai."

"Ja... a'a, mai ruwan ƙasa. Kai, ko ja ɗin ce?"

"To kin gani! Wadda ba ta riƙe rigar jikinta ba, ita za ta riƙe min gidan surukina? Haka tunani yake yi. Kin ga wani yana hawa da katifa, kanki ya ɗauki fuskar Yaya ya liƙa masa. Ba laifinki ba ne, haka aka halicci yawancin mutane."

"Da idona na ga..."

"Ido! Ido ai ɗan aike ne, abin da kai ya ce ya gano shi yake ganowa."

Mai kitso ta juya neman shaida. Ta dubi Baba mai gadi, shi kuwa yana can yana kakkaɓe hula, don ya fara jin ƙanshin abin da ke faruwa, kuma da hannunsa a cikin cire ƙofar, gara ya yi shiru. Mai rabin kitso ta ce, "Ni dai ja na gan ki da ita." Suka koma gardamar riga, Ƙwaƙwalwa ya shige falo.

Falon dai girmansa ɗaya da wanda ya sani, taga a inda take, fari fat. Sauran kuwa babu abin da ya yi kama da na Yaya. Amma mutumin da ya riga ya yanke hukunci ba shaida yake nema ba. A bakin ƙofa ya ci karo da takalmi kamar kwalekwale, Yaya kuwa ɗan siririn mutum ne.

"Allah sarki," ya ce, yana ɗaga takalmin don 'yan kallo su gani. "Ƙafa ta fara kumbura masa, bai gaya wa kowa ba. Zurfin ciki ne da shi."

A kusurwa ga buhunan fulawa a jere.

"Kun ga mai hangen nesa. Ya ji kaya za su yi tsada."

A bango ga hoton wani ƙato da farar hula, tsaye gaban tanda yana dariya.

"Wannan fa?" in ji mai kitso daga bakin ƙofa, ta riƙe ƙugu.

"Abokinsa ne. Ke ba ki rataye hoton ƙawarki?"

"A tsakiyar falo? Har guda huɗu?"

"Amini ne."

Ya fara jan kaya waje. Kujeru, tebur, talabijin, duk ya jibge su a baranda har hanya ta toshe. Buhu ɗaya ya kama ƙusa ya yage, fulawa ta bi matakala tana zuba kamar an aike ta. Wani mai gyaran waya da ke zaune a ƙasa ya hawo ya ga wa ke yi masa ruwan gari a kan shanya, ya zame, ya sauka a zaune, ya sake hawowa fari tas yana neman wanda zai zaga. Da ya ga taro sai ya manta da zagin, ya nemi wuri a hannun kujera.

Ƙwaƙwalwa ya hau tsani, ya tsoma buroshi, ya ja kore shar a farin bango. Gaskiya dai hannunsa yana da kyau, wannan ko maƙiyinsa ba zai hana shi ba. Yana shafawa yana ba da karatu kyauta.

"Kun san babban ciwon ɗan Adam? In ya sa abu a ransa, shi ke nan. Ko me ka nuna masa, sai ya lanƙwasa shi ya dace da abin da yake so. Na sha gani. Ka ga mutum da hankalinsa, gaskiya tana tsaye a gabansa tana ɗaga masa hannu, shi kuwa yana leƙen bayanta."

"Wallahi muna gani," in ji mai gyaran waya.

"Yawwa, kai kana da fahimta."

Sai wani gurnani ya taso daga ɗakin kwana, mai nauyi, ya yi sama, ya tsaya, ya sauko da fito.

"To wannan kuma fa?" in ji mai kitso. "Shi ma amini ne?"

Ƙwaƙwalwa ya karkata kunne kamar likita. "Famfo ne. Iska ta shiga bututu."

"Famfon yana tari?"

"Tsohon bututu babu abin da ba ya yi."

Ya gama bango ɗaya, ya ci rabin na biyu, warin fenti ya cika gidan. Abin da guduma ta kasa, wari ya yi. Ƙofar ɗakin kwana ta buɗe, mai burodi ya fito daga shi sai singileti da gajeren wando, auduga tana leƙe daga kunnuwansa, ido rabi a rufe. Ya jingina da bango don ya yi hamma, ya ɗago da koren baya.

Ya duba dama, kore. Ya duba hagu, babu kujeru, babu talabijin. Ya duba gaba, babu ƙofa, sai mutane cike da baranda suna kallonsa. Ga wani bisa tsani yana harararsa kamar ya kama shi da hannu a tukunya. Bawan Allah nan barci bai sake shi ba, kansa ya haɗa abin da ya gani ya ba shi amsar da ta fi sauƙi.

"Subhanallahi," ya ce da muryar kunya. "Ku yi haƙuri don Allah. Gajiya ce. Na shigo gidan mutane na kwanta."

Ya sunkuyar da kai, ya raɓa ta gefen tsani, ya fita ba takalmi, yana ta ba jama'a haƙuri.

Kai, zo ka ga Ƙwaƙwalwa! Ya diro daga tsani kamar an ba shi sarauta.

"Kun ji da kunnenku! Ina mai cewa gidan mai burodi ne? Ga mai burodin da bakinsa! Kai malam, tsaya nan. Gidan surukina ka mayar masauki? Ta ina ka shiga? Baba, aikin gadin ke nan, ƙato kamar wannan ya wuce ka ya hau gadon mutane?"

"Wallahi ban san yadda aka yi ba," in ji mai burodi, yana murza ido. "Ban taɓa yin haka ba."

"Ba ka taɓa ba! Haka kowa yake cewa. Sabo ne ya ja ka. Ƙafa ta tafi, kai yana barci. Ka gode wa Allah ni ka tarar, mai fahimtar yadda abin yake. Da wani ne da yanzu kana hannun hukuma."

"Na gode, na gode."

Mai burodi ya juya zai nemi gidansa. Ya dubi ƙofar mai kitso, ba ita ba. Ya dubi ta gaba, ba ita ba. Ya zauna a kujerar da ke baranda don ya tattara hankalinsa, ya ji ta karɓe shi daidai inda ta saba karɓarsa. Ya shafa hannunta. Ya dubi talabijin. Ya sunkuya ya ɗauki takalmi ɗaya ya zura, ya shiga cif.

A hankali ya zare audugar kunnensa.

"Wannan kujerata ce."

"Kama ce," in ji Ƙwaƙwalwa. "Kamfani ɗaya..."

"Wannan fulawata ce a matakala. Wancan da ke jingine, ƙofata ce." Ya miƙe, sai da barandar ta yi duhu. "Wa ya cire min ƙofa?"

"Ni dai riƙewa aka ce in yi," in ji Baba mai gadi daga bayan mai kitso.

Ƙwaƙwalwa ya ja da baya, ya ja, har diddigensa ya sami bokiti. Bokiti ya kife, kore ya malala a tsakar falo, ya bi ta inda ƙofa take a da, ya haɗu da fulawa a matakala suka gangara tare.

A daidai nan Yaya ya kunno kai daga ƙasa, ya taso daga shago ya ga yadda aiki ke tafiya, ƙanwarsa tana biye da shi da kular abincin mijinta, fuskarta cike da fara'a. Yaya ya tsaya ya dubi takalminsa da ya nutse a koren kwaɓi. Ya ɗaga kai ya dubi taro, da ƙaton da ke huci da koren baya, da ramin da ƙofa ta bari.

"Yaya, sannu da zuwa!" in ji Ƙwaƙwalwa da sauri. "Gara da ka zo. Gaya wa mutanen nan gidan wa ne wannan."

"Nasa ne," in ji Yaya. "Nawa yana sama. Tun safe na tattare kaya na lulluɓe, ina can shago ina cewa yanzu ka kusa gamawa."

Dariya ta ƙwace wa mai rabin kitso, ta toshe baki da ɗankwali.

"Sama?" Ƙwaƙwalwa ya juya wurin matarsa. "To ai ba wanda ya gaya min!"

"Na gaya maka, Baban yara." Muryarta ko tashi ba ta yi ba. "Kana gaban madubi."

Ya ɗaga yatsa zai kai gefen kansa, ya ga yatsan kore ne, ya sauke. Amma bakin bai saduda ba. "To, Yaya, in ka duba, wannan abin nazari ne. Ƙofofin iri ɗaya, matakalar iri ɗaya. Ko shi mai gidan da kansa sai da ya rantse ba gidansa ba ne, jama'a shaida. Ka ga ke nan ba ni kaɗai..."

"Ba ni makullina."

Ya laluba aljihu ya miƙa masa rabin. Yaya ya juya guntun ƙarfen a tafin hannunsa, ya dubi ƙanwarsa. Ita kuwa ƙasa take kallo, kunya ta rufe ta har kunnuwa, hawaye ya taru bai zubo ba. Abin ya ba kowa tausayi, har mai kitso ta daina murmushi.

"Ke kika tsaya masa," in ji Yaya a hankali. "Na yi miki. Zancen shaguna kuma a bar shi a nan." Ya tsallake kwaɓin ya haye sama.

Mai burodi ya yi hamma mai tsawo, don fushi bai kori barcin ba. "Bangon nan za ka mayar min da shi fari, fulawa za ka share. Wannan duk sai na tashi. Yanzu barci nake ji, da dare ina da aiki. Wa zai mayar min da ƙofa?"

Mai gyaran waya ya duba katakon da ya tsage ya ce wannan sai kafinta, kafinta kuwa ba ya dawowa sai yamma.

"To ba zan kwanta gida a buɗe ba, kayana a waje." Mai burodi ya ɗauki bokitin da ya kife, ya dangwara shi a tsakiyar ramin ƙofar, ya kama Ƙwaƙwalwa ta kafaɗa ya zaunar da shi a kai kamar yaro. "Kai ne ƙofar har kafinta ya zo. Kuma ƙofata ba ta magana."

Ya koma ɗaki. Jama'a suka watse da ƙyar, kowa yana waiwaye. Daga sama muryar Yaya ta biyo matakala, yana waya da wani mai fenti, yana tambayarsa ko zai iya fara shagunan bakin titi cikin makon nan.

Matar ta matso ta ajiye kular abincin kusa da ƙafarsa, ta buɗe masa, ta sa cokali. Ba ta dube shi ba. Ya ga idonta ya yi ja, wannan karon kuwa ya rasa wanda zai ɗora wa laifi.

"Maman yara," ya ce ƙasa-ƙasa, "tsaya ki ji yadda abin ya..."

"Ƙofa!" aka daka tsawa daga ɗakin kwana.

Ya haɗiye sauran. Ta gyara mayafinta, ta bi gefen matakala inda fenti bai kai ba, ta sauka.